Shaidar Ido a Shari'ar Kisan Kai: Jawabin Sakatare a Taron Fadaman Mada



A ajin yaƙi da jahilci an tambaye ni: in mutum ɗaya ya rantse ya ga ɗanka ya yi kisa, shi ke nan? Amsa ita ce, Dokar Shaida ta 2011 ba ta ƙayyade yawan shaidu ba, mutum ɗaya ma ya isa in kotu ta gamsu. Amma sashe na 135 ya ɗora wa mai gabatar da ƙara nauyin tabbatar da laifi har shakka ta kau. "An gaya mini" kuwa ba shaidar ido ba ce.

In an ɗaukaka ƙara, alƙalai kan bi tambayoyin da shari'ar Turnbull ta Ingila ta shimfiɗa a 1976, waɗanda kotunanmu ke aiki da su. Da rana ne ko da dare? Nisa nawa? Tsawon wane lokaci ya gan shi? Ya san shi tun da? Abin da ya faɗa wa 'yan sanda ya dace da na gaban kotu? Dalili shi ne mai gaskiya ma idonsa kan yaudare shi.

Kwana 90 doka ta ba da don zuwa Kotun Ɗaukaka Ƙara, kada mu yi sakaci. A Jihar Oyo an kashe Nasiru Bello kan hukuncin fashi ƙararsa tana gaban kotu, a 1986 Kotun Ƙoli ta ce an karya doka.

In an kira ka shaida, faɗi abin da idonka ya gani kawai, domin ran mutum ne.

Allah ya kare mu. Wassalam.