Bashin Kaya Yana Da Wa'adi a Kotu: Jawabi Ga Taron 'Yan Ƙungiya a Tungan Maje



Akasarinmu neman abinci ya kawo mu Abuja. Wani hatsi yake sayarwa, wani kayan marmari yake sarowa daga Zuba, wani kayan gini a Dei-Dei, iyayenmu mata kuma suna ba da atamfa da kayan kicin a biya da kaɗan-kaɗan. Duk kasuwancin nan a kan amana yake tafiya. Mun taso muna jin cewa bashi ba ya ruɓewa. A wajen Allah haka ne. Amma a gaban kotu, damar ƙarar bashi tana da ranar mutuwa, kuma wannan ne abin da nake so kowa ya koma gida da shi.

A nan Babban Birnin Tarayya akwai dokar ƙayyade lokacin shigar da ƙara, wadda asalinta ta shekarar 1966 ce. Ta tanadi shekara 6 ga ƙarar da ta taso daga ciniki na yau da kullum, ko da baki aka yi shi ko a rubuce. Bashin kaya yana ciki. Idan shekara 6 ta cika ba ka shigar da ƙara ba, wanda kake bi zai iya cewa lokaci ya wuce, kotu kuma ta kori ƙarar, ko da rasitinka yana hannu. Wa'adin ba ɗaya ba ne a ko'ina: a Legas shekara 6 ne, a jihar Ribas shekara 5. Wanda yake aika kaya wata jiha sai ya tambayi lauya dokar can.

Daga yaushe ake fara ƙirge? Daga ranar da ya kamata a biya ka ba a biya ba. Misali, Alhaji, ka ba wani buhun masara 20, kuka yanka ranar biya a watan Afrilu na 2021. Damarka za ta ƙare a Afrilu na 2027. Idan ba ku yanka rana ba, abin da ya fi aminci shi ne ka ƙirga daga ranar da ka miƙa kayan. A shari'ar Egbe da Adefarasin ta 1987, Kotun Ƙoli ta bayyana yadda ake lissafin: alƙali zai duba ranar da matsalar ta auku a takardun mai ƙara, ya gwama da ranar da aka shigar da ƙarar.

Ga inda muke yawan yin asara. Mu mutane ne masu kunya, kuma baƙi ne a nan, ba ma son rigima da maƙwabta. Sai a kai magana wajen sarkin Hausawa ko liman, a ce a yi haƙuri zuwa kaka, kaka ta wuce a ce sai bayan Sallah. Sulhu alheri ne, amma ba ya tsayar da ƙirge. Kotun Ƙoli ta faɗi haka a shari'ar Eboigbe da kamfanin NNPC a 1994. Haka kuma rasuwar mai bin bashi ba ta mayar da lissafi baya. Magada suna ɗorawa ne daga inda ya tsaya. Don haka, Hajiya, ki san waɗanda maigida yake bi tun yana raye.

Abubuwa biyu ne suke sabunta wa'adin. Na farko, wanda ake bi ya amsa bashin a rubuce, ya sa hannu. Faɗa da baki kawai ba ta wadatar. Na biyu, ya biya wani abu daga ciki. A misalinmu, idan ya turo kuɗi a watan Yuni na 2024, sabon ƙirge ya fara, zuwa Yuni na 2030. Shi ya sa biya ta banki ya fi, domin yana barin shaida.

Kada kuma mu ɓata lokaci wajen 'yan sanda. Dokar 'yan sanda ta 2020 ta hana kama mutum saboda saɓa alkawarin ciniki kawai, kuma kai ƙorafi caji ofis ba shigar da ƙara ba ne. Wannan kariya ce gare mu ma, ranar da mu ake bi.

Shawarata ita ce, yau da daddare kowa ya ɗauko littafin bashinsa. A rubuta suna, kaya, kuɗi da ranar biya. Duk zaman sulhu a tashi da takarda mai sa hannun wanda ake bi da shaidu biyu. Bashin da ya kai shekara 4 ko 5, a nemi lauya tun yanzu, kada a jira watan ƙarshe.

Mu kuma da ake bi, kada mu fake da wa'adi. Kotu ta rufe ƙofa, amma haƙƙin mutum yana nan a wuya.

Allah Ya sa wa kasuwanninmu albarka, Ya rufa mana asiri.