Ƙwallo A Fili, Wasa A Kwamfuta: Jawabi A Taron Shekara-Shekara

Shugaban ƙungiya, malamanmu iyayenmu, 'yan'uwana tsofaffin ɗalibai.

An ce in yi magana a kan wasan kwamfuta, abin da yawancinmu muke ƙwace wayoyin 'ya'yanmu saboda shi. To, bari in ba ku labarin Schalke 04, ƙungiyar ƙwallon ƙafa ta garin Gelsenkirchen a Jamus.

A 2016 ƙungiyar ta sayi gurbi a gasar Turai ta wani wasa mai suna League of Legends. Samari biyar ne, kowa da kwamfutarsa, ana biyansu albashi, ga mai horarwa, ga rigar kulob, tamkar masu taka leda. A 2018 har wasan ƙarshe suka kai, Fnatic ta doke su.

Sai 2021 ta zo. Annobar korona ta hana 'yan kallo shiga fili, bashi ya yi wa Schalke katutu, ta kuma faɗo daga Bundesliga bayan shekara 30. Me ta sayar don ta samu sa'ida? Gurbin nan na yara. Team BDS ta ƙasar Suwizalan ta biya Yuro miliyan 26.5. Wato wasan da muke kira shiririta shi ya tallafi ƙwallo.

Amma ku lura, ranka ya daɗe shugaba, kujeru biyar ne kawai, masu nema kuwa ba su ƙirguwa. Shi ya sa a gidana sharaɗin bai canza ba: a kawo mini sakamakon jarrabawa tukuna, sannan a karɓi waya.