Jawabin Taron Reshe: Wahalar da Aka Sha Kafin Fim ɗin Sarauniya Ya Fito



An nemi in yi magana a kan koyar da tarihi, ni kuwa na zaɓi in ba ku labarin wani fim.

A shekarar 1899 wata rundunar Faransa, ƙarƙashin hafsoshi biyu, Voulet da Chanoine, ta ratsa ƙasar Arewa da ke Nijar ta yau, tana ƙone garuruwa tana karkashe jama'a. Sarakuna da dama suka miƙa wuya, amma Sarauniya Mangu ta garin Lugu ta ja daga. Marubucin Nijar Abdullahi Mamani ya rubuta littafi a kanta a 1980, sai Med Hondo, mai shirya fim ɗan Muritaniya, ya ƙudura niyyar mayar da shi fim.

Daga nan wahala ta fara. Shekara bakwai aka yi ana haɗa kuɗin aikin, domin fim ne mai bukatar dawakai da mayaƙa da ginin gari guda, ga shi kuma yana tone asirin mulkin mallaka. An shirya za a ɗauke shi a Nijar, sai hukumomin ƙasar suka janye hannu. Burkina Faso ta zamanin Thomas Sankara ce ta buɗe masa ƙofa. Saboda wannan ƙaura, Ai Keita ta can ce ta fito a matsayin Sarauniya, aka kuma ji jarumar ƙasar Hausa tana magana da harshen Jula.

Fim ɗin ya fito a 1986, ya lashe babbar lambar bikin FESPACO a Wagadugu a 1987. Amma a gidajen sinima na Faransa bai daɗe ba aka sauke shi.

'Yan'uwa, abin da ya dame ni shi ne, na tambayi 'yan aji shida ko sun san Mangu, ajin ya yi tsit. Ban ga laifinsu ba, mu ne ba mu gaya musu ba. Hondo ya yi shekara bakwai yana fafutuka, mu kuwa minti goma ya ishe mu mu faɗi labarinta da Hausa. Ina roƙon kowannenmu ya yi haka kafin zangon nan ya ƙare.

Allah ya taimaki malamai.