Ku san ƙuda kafin ku sayi magani



Yau zancenmu a kan wani ƙuda ne da likitocin dabbobi ke kira Micropezidae. Kada sunan ya ba ku tsoro. Kalmar Girkanci ce: "mikros" ƙarami, "peza" ƙafa. Sunan dangi ne guda, mai iri-iri ɗaruruwa, galibi a ƙasashen zafi.

Ga alamarsa: siriri ne, ƙafafunsa huɗu na baya dogaye kamar na zalɓe, biyun gaba gajeru. Sau da yawa yakan ɗaga na gaban yana kaɗa su, wai a ɗauka zanzaro ne. Da damina akan same shi wurin danshi, kan ruɓaɓɓen ganye da kashin shanu.

To, ku saurara da kyau: wannan ƙuda ba ya cizo, ba ya shan jinin bisa. Wanda ya sayi maganin feshi dominsa ya yi asarar kuɗinsa.

Masu ɓarna su ne bobuwa da ƙudan shanu mai cizo, waɗanda ke ɗaukar cuta daga bisa zuwa bisa, sai tsando mai kawo sammore in kun gangara kudu da rani.

In kun ga ƙudan da ba ku sani ba, ku kama shi cikin kwalba, ku kai ma ma'aikacin kiwo ya duba.

Allah shi ƙara albarka ga garke. Amin.