Kiɗan da Ya Rabu da Sunan Mai Shi: Kaset ɗin Mamman Sani na 1978



Duk wanda ya taɓa bin hanyar Ɗambatta ko ta Bichi da damina ya san irin ƙasar da ke arewa da birnin Kano. Gona tana manne da gona, ba a bar ko taki ɗaya ya huta ba, ga ɗorawa da kuka da tsamiya tsaitsaye cikin gero da dawa, ga gidaje a warwatse, kowanne da dangarsa. A irin wannan karkara kiɗa ba ya zuwa haka kawai. Yana da ranarsa, yana da dalilinsa. Gangar noma ta ranar gayya ce. Kalangu na dandali ne, ko na mahauta ran kasuwa. Garaya ta maharba ce da 'yan bori. Algaita kuwa sai ƙofar hakimi. Mutum yakan ji sauti daga nesa ya san abin da ake yi, ya san wanda ake yi wa, sau da yawa ma har ya san hannun da ke kaɗawa.

Abin da za a duba a wannan lacca shi ne kiɗan da ya saɓa wa wannan tsari gaba ɗaya, watau wanda aka haifa cikin rufaffen ɗaki, gaban na'ura, ba biki, ba gayya, ba ubangida. Misalin da aka zaɓa na maƙwabta ne, mutanen Jamhuriyar Nijar, waɗanda in an tashi daga Ɗambatta aka bi ta Kazaure da Daura, ba a jima ba an tsallaka iyakarsu. Amma kafin a kai can, tilas a yi ɗan waiwaye.

Cikin tsakiyar shekarun 1960 samarin Ingila da na Amurka suka fito da wani salon kiɗa da suka kira saikedelik. Manufarsa ita ce a sa mai sauraro ya ji kamar yana tsakanin barci da farke, irin yanayin da wasu cikinsu suke nema ta hanyar shan ƙwaya. Abin lura ga mai nazari shi ne, yawancin dabarun wannan salo a ɗakin ɗaukar sauti aka ƙirƙiro su. Ƙungiyar Beatles, a faifansu mai suna Revolver na 1966, sun juya zaren rikoda ya yi tafiya da baya, sun yanka shi sun ɗaura bakinsa da gindinsa domin sauti guda ya dinga zagayowa ba iyaka. Daga nan ɗakin ɗaukar sauti ya tashi daga matsayin wurin adana abin da makaɗi ya riga ya iya, ya zama shi kansa abin kiɗa.

Wannan iska ta iso Nijeriya bayan yaƙin basasa. A Ikko kamfanin EMI ya fitar da faifan ƙungiyar BLO mai suna Chapter One cikin 1973, sa'an nan ga Ofege, 'yan makarantar St. Gregory's, waɗanda faifansu Try and Love ya ruɗa samarin wancan zamani. Har akwai ƙungiyar Elcados, masu wani kiɗa da aka rubuta sunansa Ku Mi Da Hankan, wanda kunnen Bahaushe ba zai rasa jin "ku mai da hankali" a cikinsa ba, ko da yake bakin da ya furta da hannun da ya rubuta sun ɗan tanƙwara shi. To, amma duk wannan harka ce ta birni da gidajen rawa. Manomin Makoɗa da ya sayi rediyo da kuɗin gyaɗa, Shata yake nema, ko Ɗan Maraya Jos, ko Haruna Uji.

Mamman Sani Abdullahi bai bi ta hanyar jita da ganguna irin ta mutanen Ikko ba. An haife shi a Ankara ta ƙasar Gana, ya girma a Nijar, ya yi ilmin zamani, har ya zama ma'aikacin hukumar UNESCO, aikin da ya sa ya yi ta tafiye-tafiye ƙasashen waje. A wurin wani taro ne ya ga wakilin ƙasar Ruwanda da ogan mai aiki da lantarki, ƙirar Italiya, ta kamfanin Orla, irin abin da yaran yau za su kira fiyano. Sautinta ya kama shi, ya matsa wa mai ita har ya sayar masa, ya ɗauko ta ya kawo Yamai. Shi da kansa yana ganin mai yiwuwa ne ita ce ogan ta farko da ta shiga ƙasar.

Ya kamata a fahimci irin wannan na'ura, gama ita ce ƙungiyar tasa duka. Hannun dama yana fitar da karin waƙa, hannun hagu yana riƙe da sautin ƙasa, a ciki kuma akwai wani ɗan inji mai buga ganga da kansa, wanda in an kunna shi ba ya gajiya, ba ya sauri, ba ya jinkiri. Makaɗin kalangu yakan matsa tsarkiya ya sassauta, ya bi ƙafar mai rawa, ya ja baya in mawaƙi zai yi magana. Injin nan bai san kowa ba. Wannan rashin sanin ya-kamata nasa, wanda a dandali aibi ne babba, shi ne Mamman Sani ya mayar abin ado.

Abin da ya ɗora a kan bugun injin kuwa na gida ne. Ya ɗauko karin waƙoƙin gargajiya na Nijar, har da na Fulanin Bororo da na Abzinawa, ya haɗa da waɗanda ya tsara da kansa. Waƙar Bororo ta taron maza ce, a ja murya a riƙe ta, wani ya ɗauka kafin wani ya sauke, a yi ta maimaitawa har mai sauraro ya manta inda aka faro. Ogan tana iya riƙe sauti muddin yatsa na kan maɓalli, ba ta bukatar numfashi, saboda haka ta dace da wannan salo fiye da yadda maƙeranta na Italiya za su taɓa zato.

Cikin 1978, zamanin mulkin Seyni Kountché, ya shiga ɗakin ɗaukar sauti na gidan rediyon ƙasa a Yamai da ogan ɗinsa. Aikin hawa biyu aka yi masa. Aka ɗauki kashi na farko, sa'an nan aka mayar masa da shi yana saurare, ya kaɗa na biyu a kai, aka haɗe su wuri guda. A al'adar makaɗan Hausa akwai jagora akwai 'yan amshi, kuma ba a taɓa jin mutum ɗaya ya zama su duka biyun a lokaci guda ba. Na'ura ta ba Mamman Sani damar ya yi wa kansa amshi. Wanda ya amsa masa ɗin kuwa shi ne shi na 'yan mintocin da suka wuce, wanda ba zai iya sake ko ɗigo na abin da ya riga ya kaɗa ba. Duk mai son ya gane bambancin kiɗan fage da kiɗan ɗaki, to, a nan yake.

Sakamakon shi ne kaset mai suna da Faransanci La Musique Électronique du Niger, watau kiɗan lantarki na Nijar. Cikin abin da ke ciki akwai Lamru, da Bodo, da Salamatu. Kiɗa ne mai tafiyar raƙumi, sannu-sannu, jimla guda tana dawowa tana sake dawowa da ɗan canji kaɗan, ba hawa mai tsanani ba sauka. An shirya fitar da shi tare da ma'aikatar al'adu, cikin wani shiri na nuna kiɗan zamani na ƙasar. Shirin bai yi nisa ba. Kwafin da aka buga kimanin ɗari ne kacal.

A nan ne labarin ya ɗauki wani fasali mai ban mamaki. Kaset bai yaɗu ba, amma kiɗan ya game ƙasa. Gidan rediyo da na talabijin suka mai da kiɗe-kiɗensa abin cike gurbi tsakanin shiri da shiri, aka yi shekaru ana sa su. Yaro ya tashi da su a kunne, tsoho ya saba da su kamar kukan zakara. Muryar rediyo kuwa ba ta tsayawa a shingen kwastan, saboda haka duk wanda ya murɗa akwatinsa ya kamo Yamai daga wannan gefe na iyaka, shi ma ya sami rabonsa. Sai dai mai sauraro na jin abin ne a matsayin sautin tasha. Ba a sanar da sunan makaɗi kafin kiɗan cike gurbi, ba a sanarwa bayansa.

Me ya sa sunan ya faɗi a hanya? Amsar tana cikin yadda Bahaushe ya ɗauki kiɗa da waƙa. Makaɗin Hausa yana sa hannu a kan aikinsa da bakinsa. Yakan ambaci kansa, ya yi wa kansa kirari, ya ambaci ubangidansa, ubangidan kuma ya riƙe sunansa. Ba a raba Narambaɗa da Sarkin Gobir na Isa, ba a raba Ɗan Anace da Shago. Ko an kwafi kaset sau goma, kwalinsa ya yage, rubutunsa ya goge, da zarar Shata ya buɗe baki an san shi ne. Kiɗan da ba murya a cikinsa ba shi da wannan kariya. Gurbi ɗaya al'ada ta tanadar masa, shi ne na take. Take kuwa, kowa ya sani, na wanda ake yi wa ne. In an ji taken sarki, sarki ake tunawa. Ba mai tambayar wane ne ya fara tsara shi a kan tambari. Kiɗan Mamman Sani ya zama taken gidan rediyo, ya bi hanyar da kowane take yake bi.

Akwai hujja a nan Kano da ke ƙarfafa wannan ra'ayi. Cikin shekarun 1990, da finafinan Hausa suka kafu, fiyano ƙirar Yamaha ita ce ta zama uwar kiɗansu, da injin gangarta da komai, jikanyar ogan ɗin nan ta Mamman Sani. Waƙar fim ɗin Sangaya na 1999 ta shiga kowane lungu, har ƙauyukan Dawakin Tofa da Minjibir inda dā sai kalangu. Ashe kunnen mutanen karkara bai ƙi na'ura ba. Abin da ya nema shi ne a ɗora mata magana, a ba shi baitin da zai riƙe ya rera a bakin rijiya. Da aka ba shi, ya karɓa hannu biyu, har masu kalangu suka fara kukan an ƙwace musu bukukuwa.

Sunan Mamman Sani daga waje ya dawo. Wani Ba'amurke, Christopher Kirkley, mai kamfanin faifai na Sahel Sounds a birnin Portland, ya ci karo da kwafi guda na kaset ɗin cikin tarin kaset-kaset a wani gidan adana kayan kiɗa a Yamai. Ya nemi mai shi, ya same shi da ransa da lafiyarsa. Cikin 2013, bayan shekara 35 ke nan, aka sake buga aikin a kan faifan garmaho, masu sharhin kiɗa a Turai da Amurka suka yi ta yabo, aka gayyaci dattijon ya je Turai ya yi wasa. A shekarar nan dai kamfanin ya fitar da Harafin So, tarin waƙoƙin finafinan Hausa na Nijeriya. Bayan haka aka fitar da wasu ayyukan Mamman Sani na shekarun 1980: Taaritt cikin 2014, da Unreleased Tapes 1981-1984 cikin 2015.

Yabon Turawa yana da daɗin ji, amma yana bukatar a tace shi. Sun saurari kaset ɗin da kunnen da ya saba da kiɗan lantarki na ƙasashensu, suka jera shi tare da masu gwaje-gwajen sauti na can, suka yi ta maganar mafarki da sararin samaniya. Ba su yi ƙarya ba a kan abin da suka ji. Sai dai maimaitawar nan da ke lula mai sauraro, wadda su a wurinsu sabon abu ce da samarinsu suka gano cikin shekarun 1960, tsohuwar sana'a ce a nan. Mai garaya a fagen bori ya san yadda ake riƙe jimla guda a yi ta juya ta har jikin mutum ya sake, tun kafin a ƙera rikoda. Mata masu daka uku-uku a turmi ɗaya sun san ta. Sabon abin da Mamman Sani ya kawo shi ne ya cire wannan maimaitawa daga fagenta, ya raba ta da taro da ƙura da gumi, ya sa ta cikin akwati inda mutum zai ji ta shi kaɗai. Ko wannan riba ce ko hasara, ana iya yin gardama. Mai garaya dai zai ce an ɗauki romo an bar nama. Amma aikin yana da kyau, kuma kyansa bai jira 2013 ba.

Saura magana guda wadda ta fi shafar ma'aikatan da ke zaune a nan, musamman na ma'aikatun al'adu da gidajen watsa labarai. Cikin kwafi ɗari, guda ɗaya da ya tsira a kan kanta shi ne ya mayar wa mutum da sunansa. Zaren rikoda ba ya son zafi, ba ya son ƙurar hunturu, ba ya son laimar damina, tasha mai ƙarancin kuɗi kuma takan goge tsohon zare domin ta ɗauki sabon shiri a kansa. Gidajen rediyon Kaduna da Kano sun ɗauki makaɗan karkara masu yawa waɗanda ba su taɓa shiga hannun wani kamfanin faifai ba, masu gangar noma da masu sarewa da masu kukuma. Irin waɗannan, in zarensu ya lalace ko kwalinsa ya ɓata, ba wani kwafi a Portland da za a koma wa. Aikin da ake bukata ba mai tsada ba ne: a juye sautin cikin kwamfuta, a rubuta sunan makaɗi, da garinsu, da shekarar da aka ɗauka, tun ana samun tsofaffin ma'aikatan da za su saurara su ce wannan hannun wane ne.

Shi dai Mamman Sani ya sami nasa. Yau saurayi a kasuwar Ɗambatta yana iya miƙa wayarsa a tura masa Salamatu, in ya kunna kuma, sunan mai kiɗan yana rubuce a fuskar wayar.