Albashi Biyu, Gida Ɗaya: Lacca Kan Zaman Ma'aurata Ma'aikata



Ran 12 ga Disamba 1991 aka ta da hedkwatar ƙasa daga Ikko zuwa Abuja, dubban ma'aikata maza da mata suka bi ta. Tsadar haya a Garki da Wuse ta kora da yawansu zuwa Kubwa da Nyanya da Mararraba. Daga can maigida da uwargida kan fito da asuba, cunkoson motoci kuwa ya hana su komawa sai bayan magariba.

To, a nan gizo ke saƙa. A Kano ko Katsina, in mace ta tafi aiki akwai kaka ko gwaggo mai riƙe yara. A Abuja, kamar yadda baƙin Agege da Sabon Badun suka sani, dangi na nesa. Maigida ya dawo ya miƙe ƙafa. Uwargida, wadda ita ma ta yini a ofis, ta ɗaura zane ta shiga girki da wanki da wankan yara. Gajiya takan haifi fushi, fushi kuwa yakan kai aure gaban alƙali.

Dokar ƙwadago ta 1974 ta ba mace hutun haihuwa na mako 12. A 2021 Gwamnatin Tarayya ta amince wa ma'aikatanta maza hutun kwana 14 idan matansu sun haihu. Amma doka ba ta shiga madafa. Gidan da ke cin albashi biyu, lalle ya raba wahala biyu: wannan ya kai yara makaranta, wancan ya yi cefane. Hannu ɗaya ba ya ɗaukar jinka.

Allah ya ba da zaman lafiya.