Lissafin Kasuwa da Lissafin Aji: Jawabi a Kan Koyar da Ninki a Firamare

Malamanmu, Allah ya saka muku da alheri, ya ji ƙan waɗanda suka riga mu gidan gaskiya.

An ba ni dama in yi magana a kan ilimin ƙannenmu da 'ya'yanmu. Na zaɓi abu guda ƙarami, wato wata ƙa'ida ta lissafi da ake koyarwa a firamare, wadda zan kira ƙa'idar raba ninki. Ma'anarta ita ce, idan za ka ninka lamba, kana iya farfasa ta gida biyu, ka ninka kowane gida shi kaɗai, sa'an nan ka tara. Misali, 6 sau 14. Ka fasa 14 ta zama 10 da 4. To, 6 sau 10 sittin ke nan, 6 sau 4 kuma 24, ka haɗa ka sami 84. Iyakarta ke nan. Amma a kan wannan ɗan abu aka gina ninkin manyan lambobi, a kansa kuma aka gina aljabara da ke firgita yara a sakandare.

Abin da nake so mu lura da shi shi ne, yaron Daura ya san wannan ƙa'ida tun kafin a rubuta masa ita a allo. A ce mudun gero naira 1,200 ne, aka aiki yarinya ta auno mudu 7. Ba za ta nemi fensir ba. Cewa za ta yi, dubu bakwai, sa'an nan ɗari bibbiyu sau bakwai dubu ɗaya da ɗari huɗu, duka dubu takwas da ɗari huɗu. Haka mai awo yake yi a kasuwar Daura, haka dillalin dabbobi yake yi a karar Mai'aduwa. Harshenmu ma ya tanadi hanyar. Bahaushe yakan ce "ashirin ba ɗaya" maimakon 19, ya ce "talatin ba biyu" maimakon 28. Wanda ya saba da wannan ƙidaya, in ka ce masa 8 sau 19, zai ce 8 sau 20 ɗari da sittin ne, a cire 8, saura 152. Ita dai ƙa'idar ce, sai dai a nan ɗebewa aka yi a madadin tarawa.

To, ina gizo yake saƙar? Yarinyar nan da ba a iya cutarta ko kwabo a kasuwa, ita ce za a rubuta wa 6 × (10 + 4) a aji ta ce 64. Ta ninka goman, ta manta da huɗun. Ba rashin basira ba ne. An fara mata da alama ne kafin a nuna mata abin da alamar take nufi, kuma sau da yawa da harshen da ba ta gama ji ba. Sai ta ɗauka lissafin makaranta daban, na duniya daban.

Da izinin malamanmu, waɗanda suka fi ni sanin aji, ga matakai uku da nake ganin za su taimaka.

Na farko, a fara da abin da hannu zai taɓa. A fita da yara waje, a jera tsakuwa ko ƙwallon dabino layi 7, kowane layi guda 8, kamar yadda ake jera gurabun dara. Sai a ja kara a tsakiya, 5 su koma gefe ɗaya, 3 su koma ɗaya gefen. Yara su ƙirga da kansu: nan 35, can 21, duka 56. A tambaye su, da aka sa karan, tsakuwa ta ƙaru ko ta ragu? A matsar da karan wani wuri a sake. Yaron da ya ga wannan, ko haddar 7 sau 8 ta kuɓuce masa, ya san yadda zai gano ta daga ninkin biyar.

Na biyu, a koma zane. A zana gona mai kunya 6, kowace kunya da ramin shuka 14, hanya ta ratsa ta bar 10 a gabas, 4 a yamma. Wanda ya ce 64 sai a ce ya nuna a zanen. Da idonsa zai ga ya ƙirga ramuka huɗu na kunya ɗaya kawai, ya bar na kunya biyar.

Na uku, sai yanzu a kawo alama da baka biyu. A nan ne kuma za a warware wa yara sirrin doguwar ninkawa. In ana 23 sau 14, me ya sa ake ajiye sifili a layi na biyu? Domin ɗayan nan da ke cikin 14 goma ce. Ana yin 23 sau 4, a sami 92, a yi 23 sau 10, a sami 230, a tara ya ba da 322. A kuma gargaɗe su cewa ninki yana rabuwa ne a kan tarawa da ɗebewa, ba a kan wani ninkin ba: 2 × (3 × 4) amsarsa 24 ce, ba 6 sau 8 ba.

'Yan'uwa, wannan ilimi ba baƙo ba ne a gare mu. Kalmar aljabara daga sunan littafin Alkhawarizmi ta fito, wanda ya rubuta a Bagadaza wajen shekarar 820. A nan ƙasar Hausa, Malam Muhammadu ɗan Muhammadu Alfulani Alkashinawi, mutumin Katsina, ya yi rubutu a kan jeranta lambobi a hatimi a 1732, ya kuma rasu a Alƙahira a 1741. Game da harshe kuwa, Manufar Ilimi ta Ƙasa ta 1977 ta tanadi a fara koyar da yaro da harshen uwa ko na yankinsa. Gwajin da Farfesa Babs Fafunwa ya jagoranta a Ife daga 1970, inda aka koyar da yara da Yarabanci tsawon shekaru shida na firamare, ya nuna hakan bai mayar da su baya ba, har a lissafi.

Abin da ke gabanmu babba ne. A 2019 aka kafa Kwalejin Kimiyya da Fasaha ta Tarayya a garin nan, ga kuma Jami'ar Sufuri ta Tarayya. Ba mai karanta injiniya ko kimiyya a cikinsu sai da kyakkyawan sakamako a lissafi. Yaron da ya bar aji huɗu bai fahimci 6 × (10 + 4) ba, shi ne zai tsaya cik a gaban 6(x + 4) a sakandare, daga nan ya ce lissafi ba nasa ba ne. Makarantu a ƙofar gida, amma ɗan gida ya kasa shiga, wannan asara ce. Da ma icce tun yana ɗanye ake tanƙwara shi.

Saboda haka ina roƙon ƙungiyar nan abu biyu. Na ɗaya, mu nemi izinin hukumar ilimi ta ƙaramar hukuma, tsofaffin malamanmu na lissafi su zauna da malaman aji uku da na huɗu na firamaren da ke turo wa makarantarmu ɗalibai, ko da yini ɗaya ne a kowane zango, mu kuma mu ɗauki nauyin kuɗin mota da abinci. Na biyu, kowannenmu in ya aiki ɗansa kanti, kada ya tsaya a karɓar canji. Ya tambaye shi yadda ya lissafa, sa'an nan ya sa shi ya rubuta a takarda.

Allah ya yi wa zuriyarmu albarka, ya ɗaukaka makarantarmu da Masarautar Daura.